Ranar da Na Goge Malam Labbo Daga Kaset

Duk lokacin da na ga ɗayanku ya ɗaga waya da hannu ɗaya, ɗaya hannun riƙe da tsire, yana cewa wai ɗaukar biki yake yi, sai in yi dariya a cikina. Ban ce hotonku ba ya kyau ba. Yana kyau, ya ma fi namu haske nesa ba kusa ba. Abin da yake ba ni dariya shi ne kun ɗauka sana'ar duka danna maɓalli ce. To ku gyara zama in ba ku labarin yadda muka yi ta a Gusau, lokacin da kyamara take da nauyin ɗan akuya, mutane kuma suke yi mata kallon baƙon da ba a san danginsa ba.

Kyamarata ta farko irin mai cin babban kaset ce, wadda ake ɗorawa a kafaɗa. In ka wuni da ita a wurin biki, washegari sai ka ga kafaɗarka ta dama ta fi ta hagu sauka. Batirinta maƙaryaci ne na gaske. Zai nuna maka da saura, liman na ɗaga hannu zai shafa fatiha sai ya ɗauke. Shi ya sa nake ɗaure batirin mota a bayan babur, da doguwar waya a jaka. Akwai ɗan madubin leƙe da kake manna ido a kai, hotonsa baƙi da fari, kuma ba ya fitar da sauti ko kaɗan. Ita kyamarar tana ji sarai, don akwai makirfo a goshinta, amma ba za ta gaya maka abin da ta ji ba sai ka kai kaset ɗin kan talabijin. Kusa da makirfon akwai wata 'yar jar fitila da take kamawa in ana ɗauka. Wannan fitilar ta ja min wahala fiye da nauyin kyamarar.

A Sabon Gari na koyi aikin, a shagon Alhaji Rasaki, wani Bayarabe mai hoto da ya tsufa a Gusau har Hausarsa ta fi ta wasunku. Na daɗe a wurinsa ban taɓa kyamara ba, sai sharar shago da goge kan injin bidiyo da farar takarda. Ranar da ya yarda na ɗora ta a kafaɗa, babu kaset a ciki. Ya cika ƙaramin kwano da ruwa ya ɗora min a ka, ya ce in zagaya tsakar gida ina ɗaukar kaji, in ruwan ya zube in sake. Babu kajin da aka ɗauka a ƙasar Zamfara kamar nasa, kuma ko ɗaya ba ta shiga kaset ba. Amma da na gama da kajin nan, ina iya ratsa taron maroƙa hoto bai yi rawa ba.

Dokokinsa ba su da yawa. Kada ka ɗauki babban mutum da loma a bakinsa. Kada ka tsaya a kan fuskar matar wani. In ka ga hannun dattijo ya shiga farantin goro ya wuce aljihu, ɗaga kyamara ka ɗauki rumfa. Sai kuma abin da yake kira zagaye. Kafin liman ya fara, ka sami wuri mai ɗan tudu, ka fara daga hannun dama, ka juya a hankali kana bin fuskokin jama'a har ka dawo inda ka fara, ba tare da ka tsaya ko ka tsallake kowa ba.

Ya ce min, "Garba, ango ba ya son ganin kansa, ya san kansa. Mai gida so yake ya ga wanda ya zo. Zagaye shi ne aikin, sauran duk ado ne."

Gaskiya ya faɗa. Da aka ba mu jiha, Gusau ta zama babban birni, aiki ya buɗe, na sayi tawa kyamarar na kama gabana. A nan na ga abin da kaset yake yi wa zumunci. Al'adar lokacin ita ce bayan biki da 'yan kwanaki in koma gidan da kaset, da bidiyo, da talabijin, da ɗan janareta. A toshe ƙofar zaure da tabarma don a sami duhu, maza su kalla, sannan a shigar wa mata cikin gida. Ana zuwa kan zagaye hira take mutuwa. Mai gida zai matso gaban talabijin yana bin fuskoki ɗaya bayan ɗaya, leɓensa na motsi. Kafin zuwan bidiyo, in ba ka je ɗaurin auren ɗan abokinka ba, kana haɗuwa da shi ka ce, "Ai na zo, taro ne ya yi yawa ba ka gan ni ba." Shi ma ya san ƙarya ce, amma ya karɓa, a wuce wurin lafiya. Ni da ire-irena muka kashe wannan maganar, kuma akwai waɗanda har yau ba su yafe mana ba.

Saboda haka yawancin masu zuwa shagona a ɓoye, so suke a saka su cikin kaset. Akwai wani mutumin ƙauyen Wanke da barci ya kwashe shi ranar auren ɗan surukinsa. Ya zo ya nace, har ya sako babbar rigar da ya so zuwa da ita. Na kai shi jikin wani bango mai kama da na gidan bikin, na ɗauke shi, na manna a ƙarshen zagaye. Ranar kallo sai ga shi shi kaɗai yana ɗaga wa iska hannu yana murmushi. Da hantsi aka ɗaura auren, shi kuma inuwarsa ta la'asar ce, ta miƙe har ta haye bango. Manoma ne suke kallon, mutanen da suka san rana fiye da agogo. Sai da aka tsayar da kaset aka gama dariya tukuna. Daga ranar ban sake saka kowa ba.

Muguwar shekara kuwa gidajen kallo ne suka jawo mana ita. Lokacin mulkin soja ne, dama kowa yana magana yana waige. Sai aka shiga yayin wasu finafinan Turawa na leƙen asiri, inda za ka ga an ɓoye kyamara a cikin agogon bango ko a maɓallin riga, wasu mutane kuma suna zaune a wani ɗaki mai cike da talabijin suna kallon bawan Allah yana cin abinci a gidansa. Masu kallo ba sa jin Turanci, sai a sami wani mai baki ya riƙa fassara, abin da ya ji ya faɗa, wanda bai ji ba ya ƙara nasa. Daga bakin irin waɗannan masu fassarar labari ya fita cewa duk lokacin da jar fitilar kyamara ta kama, hoton yana tafiya kai tsaye ofishin jami'an tsaro. Kafin ka ce me, maganar ta kai har ƙauyuka irin su Magami.

Sai ka ga ina shiga taro majalisa ta yi tsit. Masu zancen tsadar taki su koma zancen ruwan sama. Wani ya ja hula ya rufe fuska, wani ya tashi wai zai kama ruwa. Na yi dabara na manne jar fitilar da baƙin salatif, ashe na ƙara ɓata lamarin. Da can suna tsoro ne in fitila ta kama, yanzu kuma ba su san lokacin da take ɗauka ba, sai suka koma tsoronta ko tana cikin jaka. Akwai mai shayin da ya roƙe ni in riƙa ajiye jakar a tsallaken titi kafin in zauna. Aiki ya ja baya sosai, har na koma ɗaukar hoton fasfo a shagon maigidana don a ci abinci.

A cikin wannan shekarar aka kira ni Bungudu, gidan wani dattijo manomi, Alhaji Mamman, zai aurar da 'yarsa Rabi wadda ta gama makarantar horon malamai. Shi bai damu da maganar jar fitila ba. Ya ce duk wanda yake son ganin gidansa ya zo ya gani, babu abin da ke ciki sai gero. Tun a hanya mai motar da ta ɗauko ni ya ba ni labarin gidan, don a Bungudu ko yaron goye ya san shi.

Alhaji Mamman yana da ƙane, Malam Labbo, uwa ɗaya uba ɗaya. Shi Labbo ne ya riƙe Rabi tun tana rarrafe, don Allah bai ba shi haihuwa ba. Akwai wata ɗorawa a kan iyakar gonakin da suka gada, wadda mahaifinsu yake hutawa a gindinta. Wata shekara Alhaji ya sa aka sare ta, wai inuwarta tana ɓata masa gero, bai shawarci ƙanensa ba. Magana ta yi zafi, Alhaji ya aika aka ɗauko 'yarsa. Labbo ya tsaya a tsakiyar majalisa ya rantse cewa ƙafarsa ba za ta sake taka ƙofar gidan wansa ba sai in wan ne ya fara zuwa nasa. Alhaji ya ce shi babba ne, babba ba ya zuwa gaishe da ƙanensa. Shekaru suka yi ta tafiya a haka. Labbo mutum ne mai baki, kullum sai ya tuna wa majalisa rantsuwarsa, har aka daina ba shi haƙuri. Gari ya zuba ido ya ga wanda zai fara karaya, don wanda ya fara taka ƙofar ɗan'uwansa shi ne ya yarda shi ke da laifi.

Ranar ɗaurin auren na hau kan wani turmi da aka kife, na fara zagaye daga hannun dama. Taro ya yi kyau. Ina juyawa a hankali, na wuce rumfa, na wuce masu raba goro, na zo kan wani dalbejiya da ke gefen ƙofar gidan. A bayansa akwai wani mutum tsaye, ya naɗa rawani ya ja amawali har kan hanci, ga baƙin tabarau, a cikin wannan zafin. In da ya tsaya kamar kowa da ban lura da shi ba. Kyamara na isowa kansa ya yi sauri zai buya, reshen dalbejiya ya kama rawanin ya zame. Fuskarsa ta fito fes, baki buɗe, sannan ya tattara ya yi bayan gida. Ni ban san shi ba. Na ci gaba da zagayena na gama.

Bayan kwana kaɗan ina Tsafe, wurin sunan ɗan wani mai sayar da hatsi. Na gama ɗauka ke nan ina naɗe waya, sai na ji an ja min riga. Dattijo ne siriri, ƙafafunsa duk ƙura, ga alama ya sha hanya. Daga baya na ji yadda ya yi. Ya taso daga Bungudu ya sauka Gusau, ya bi shagunan hoto na Sabon Gari yana tambayata, a kowane shago yana ba da suna daban. Da aka ce ina Tsafe ya sake hawa mota, ya sauka tun kafin tasha ya ƙarasa da ƙafa, wai kada a bi sawunsa.

Ya dubi jakata ya ce a hankali, "Abin nan kashe take?"

Na ce, "A kashe take, Baba."

"Haka kuka cewa. Taho mu koma bayan dutsi."

Muka zagaya bayan wani dutse inda babu kowa sai awaki. Ya duba gabas ya duba yamma, har sama sai da ya duba. Sannan ya yi gyaran murya, irin wata gyaran murya mai hawa biyu da ɗan tsaki a ƙarshe, ya ce shi ne Labbo, ƙanen Alhaji Mamman, kuma shi ne mutumin bayan dalbejiya.

"Ɗiyata ta," in ji shi. "Ni na goye ta, ni na kai ta makaranta. A ɗaura mata aure ina ɗaka zaune? Ban iya ba. Na ce in tahi in ji hwatiha da kunnena in dawo, ba wanda ya sani. Sai ga ka bisa turmi awa zakara."

Na ce, "To Baba, rantsuwar fa?"

"Kaffara na riga na yi tun kahin in tahi. Tsakanina da Allah babu matsala. Mutanen Bungudu su na matsalar. In sunka gan ni cikin talabijin ƙohwar gidan Yaya, ina za ni sa kaina? Shi yas sare icce, shi yak karɓe ɗiya, kuma a ce ni na kai kaina?"

Ya ba ni tausayi, ya kuma ba ni dariya, amma na danne. Mutane da yawa sun roƙe ni in saka su a kaset, shi ne na farko da ya ce a cire shi. Na ce ya bari in koma shago in haɗa bidiyo biyu, in kwafe zuwa wani kaset in tsallake wurin, yadda ba kowa zai lura ba. Ya girgiza kai. Ashe shagonsa na ɗinki jikin gidan kallo yake, ya sha finafinan nan har ya haddace.

"Na san wagga dabara. Ku ba mutum guda, ku ɓoye guda. Duk wanda anka kama cikin fim, da na biyun anka kama shi. Kaset nawa gare ka?"

"Ɗaya ne, ban kwafa ba tukuna. Ga shi nan a jaka."

"To nan za ka goge shi, ina gani."

Na yi masa bayani cewa a nan hanya ɗaya ce, in saka kaset ɗin a kyamara, in kai shi daidai wurin, in rufe idon kyamarar in ɗauki duhu a kai. Na gaya masa wurin zai fito baƙi ƙirin a tsakiyar zagaye, kuma mutane za su yi tambaya. Ya ce su yi ta tambaya, baƙi ba shi da suna. Na ce kuma ya yi shiru in na danna, don kyamara tana ji. Ya ce ai shi ya fi ni sanin haka.

Na nemo wurin a madubin leƙe. Murfin idon kyamarar ma bai yarda da shi ba, ya ce wa ya sani ko akwai huda. Ya cire hularsa ya kifa a kai, ya danne da tafin hannu biyu. Na danna. Muka tsaya shiru a bayan dutse, ni da dattijo da awaki, shi ko numfashi ba ya yi. Da na ga ya isa na saki. Na mayar baya na ce ya leƙa. Ya manna ido, ya ga rumfa, ya ga masu goro, ya ga duhu, sai kuma bangon maƙwabta. Ya sa na maimaita masa. Sannan ya mayar da hularsa, ya yi min addu'a mai tsawo, ya ce in bari sai ya yi nisa kafin in fito, kuma ko a lahira muka haɗu ban san shi ba.

Ranar kallo bayan la'asar zauren Alhaji Mamman ya cika har waje. Aka toshe ƙofa da tabarma, janareta na kuka a bayan gida. Aka ga isowar dangin ango, aka ga maroƙi, aka yi ta nuna juna. Da aka zo zagaye Alhaji ya jawo buzunsa gaban talabijin kamar yadda kowane mai gida yake yi. Rumfa ta wuce, masu goro suka wuce, gefen dalbejiya ya fara shigowa, sai allo ya yi baƙi. Hayaniyar biki ta ɗauke ɗif. Jim kaɗan hoto ya dawo a kan bangon maƙwabta.

Wani ya ce inji ne. Na ce ƙwarai, wani lokaci kaset yakan yi haka. Amma akwai 'yan gidan kallo a zauren, su kuwa ba a yi musu wannan.

Ɗaya ya ce, "Wanga ba inji ba na. An cire mutum. Haka aka yi cikin fim, in anka ga baƙi, hukuma ta ɗauke wani."

Zaure ya rikice da ƙus-ƙus. Kowa ya fara lissafin wanda ya tsaya kusa da shi ranar. Wani ya tuna ya yi maganar tsadar man fetur a gindin dalbejiyar nan, ya fara laluben takalminsa. Idanu suka dawo kaina, har na kusa da ni ya ja jikinsa. Ni dai na kafe a kan kaset ne ya samu matsala, don amana ce aka ba ni, kuma ban ga abin da zai tona ta ba.

Alhaji Mamman ya bari surutun ya lafa. Sannan ya ce, "Mai bidiyo, mai da shi baya. Ka ƙara mishi murya."

Na mayar, na murɗa sauti har ƙarshe. Hayaniyar biki ta cika zaure, duhu ya zo, komai ya ɗauke. Sai iska. Can nesa akuya ta yi kuka. Sannan, dab da hoto zai dawo, daga cikin baƙin nan, kusa da makirfo kamar mutumin yana zauren, aka yi gyaran murya mai hawa biyu da ɗan tsaki a ƙarshe.

Sai a lokacin na tuna. A bayan dutsen nan na ji ta da kunnena, amma tun da muka haɗu yake yin ta bayan kowace magana, har kunnena ya daina ƙirga ta cikin sauti. Shi kansa na tabbata bai san ya yi ba. Madubin leƙe kuwa ya nuna mana duhu, ya riƙe sauran.

Dattawan da ke wurin suka sunkuyar da kai, wani yana cizon leɓe don kada dariya ta ƙwace masa.

Alhaji ya ce, "Sake."

Na sake. Ya matso har kunnensa ya kusa taɓa talabijin, yana kallon allon da babu komai a kai. Aka sake yin gyaran muryar.

Ya ce, "Wagga gyaran murya ta Baba ta, Allah shi jiƙanai. Mu duka ɗiyanai, mutum guda yag gaje ta." Ya ɗago kai daga talabijin. "Ashe ya zo."

Ya juyo ya dube ni. "Ina kuka samu akuya wurin ɗaurin aure?"

Na ce, "Alhaji, ni ɗauka kawai nake yi."

"Har ina yab bi ka?"

Kafin in buɗe baki aka riga ni. Mai motar nan da ya kawo ni yana bakin ƙofa, shi ya ce ai ranar kasuwa an ga Malam Labbo ya shiga motar Gusau, wani kuma ya ce ɗan'uwansa ya gan shi a Tsafe yana tafiya yana waige. Nan take aka haɗa masa tafiyar tasa duka, tasha bayan tasha, da sunayen da ya bayar a shagunan hoto. Mutumin da yake gudun kada jami'an tsaro su bi sawunsa, ashe rabin Bungudu sun gan shi, ba su dai san abin da ya fitar da shi ba sai yanzu.

Wani matashi ya fara dariya, ya ce gobe majalisa za ta yi daɗi. Alhaji ya ɗaga masa hannu, dariyar ta tsaya.

"Mi kag gani cikin talabijin?"

"Ban ga komi ba, Alhaji. Duhu na."

"To duhu kag gani. Kowa nan duhu yag gani. Labbo ya ce ba shi taka ƙohwata sai na taka tashi, kuma ba wanda yag ga ya taka." Ya dafa bango ya miƙe da ƙyar. "Ku miƙo min takalmana."

Aka ɗage tabarmar ƙofa, haske ya shigo. Jama'a suka yunƙura za su bi shi, ya ce duk wanda ya biyo shi ba shi ba gidansa. Ni kuwa hannuna ya riga ya kai kan kyamara. Shekara da shekaru ina ɗaukar mutane suna cin shinkafa, yau ga abin ɗauka na gaske zai faru a ƙarshen layi, ga batir cike, ga rana ta yi sanyi daidai yadda hoto yake so. Har na saɓa ta a kafaɗa.

Alhaji ya tsaya a bakin zaure ya nuna ta da sandarsa. "Kai kuma aje abin ga. Ta ji abin da ya ishe ta."

Na ajiye. Muka zauna a zaure muna kallon bayansa, yana tafiya a hankali shi kaɗai har ya sha kwanar gidan ƙanensa. Ya daɗe bai fito ba. Abin da suka ce wa juna babu wanda ya sani, don duk wanda ya tambayi Malam Labbo sai ya ce wansa ne ya fara zuwa, kuma kowa ya gani da idonsa. In aka tambayi Alhaji sai ya ce haka ne.

Na ci gaba da zuwa Bungudu aiki har ƙarfina ya ƙare. Duk zuwan da zan yi sai wani tsoho ya ja ni gefe, ya dubi jakata, ya rage murya ya ce shi ba zai gaya wa kowa ba, in dai nuna masa kaset na biyun. In ce masa babu. Sai ya gyaɗa kai yana murmushi, ya ce haka muke cewa.